Rigar Ruwan da Kaka Ta Shafa wa Mai

"...lafiya lau, ya ƙafa, ke tsohuwa ina rigar ruwana?"

Ko gaisuwar bai ƙarasa ba fa. Dogo kenan jikan Kaka, kwanansa shida da samun aikin kai saƙo a babur, kuma yau da la'asar oga zai duba kayan kowa, wanda aka ga rigarsa da datti a karɓe makulli. Shi kuwa jiya ya manta tasa da hular kwanonsa a ƙofar ɗakinta.

"Ka ga mijin banza, ba cefane sai ihu. Ga ta can a igiya, na gyara maka."

Dogo ya waiga. Riga sai ƙyalli take, ƙura ta manne mata, har da gashin kaza a kafaɗa.

"Innalillahi! Me kika shafa mata?"

"Man gashina, rabin kwalba. Na ga ta bushe ƙayau kamar ƙafarka."

"Riga ce Kaka, ba goshinki ba!"

"Kai tafi can, mai kan kwano. Ruwa da mai sun taɓa shiri? Yanzu ko kogi ka faɗa a bushe za ka fito. Tun ubanka na tsirara nake maganin ruwa."

"Ai irin wannan maiƙo ne ke kashe ta! Ya jawo datti, ruwa ya daina gangarewa ya riƙa shiga. Oga ya faɗa mana."

"Ogan naka haƙoransa nawa?"

"Sun fi naki, ke da guda uku kamar murhu."

"Zan sake ka wallahi."

"Ni ne mijin ai! To saka rigar mu gwada in kin isa."

Kaka ta zura riga har ƙasa, hannuwa na lilo, ta tsaya tsakar gida tana taƙama. Dogo ya ɗauko buta ya tuttula mata a kafaɗa. Tana murmushi. Can sai murmushin ya fara gudu.

"Wayyo sanyi! Ɗan nema, ya shiga har baya!"

"A'a, ai a bushe kike, kogi ma..."

"Rufe min baki! Kawo tafasasshen ruwa da buroshi in dirje ta."

"Ki ƙarasa ta kenan! Ruwa mai ɗumi-ɗumi, sabulu marar ƙarfi, soso mai laushi, a shanya a inuwa. Kuma ni ba ni da irin sabulun."

Kaka ta harare shi, ruwa na ɗiga daga haɓarta, sai ta fashe da dariya har tana riƙe bango. Ta shiga ɗaki ta jawo akwati, ta fito da sabulun nan mai ƙamshi da ko jarirai ba ta ba su.

"Ungo, ka yi nasara. Yi sauri ta bushe kafin la'asar."

Dogo ya cafke yana tsalle.

"Ka rage rabi," in ji Kaka. "Hular kwanon ma na shafa mata."