Mutumin da Waƙa Ta Zaga

Duk wanda ya zauna a Bandung bai san Pak Doktorandus Haji Oyon Sumantadipura ba, ya yi zaman banza. Pak dai shi ne malam a yarenmu, Doktorandus kuma, ko Drs. a taƙaice, laƙabin mai digiri ne. Shi Pak Oyon ne ya faɗi haka, kuma mutum ne da ba ya ƙarya sai ta kama. Allah ya yi masa baiwa uku: gashin baki kamar tsintsiyar masallaci, tumbi mai riga shi shiga ɗaki, da muryar da ke mayar da "ina kwana" jawabin buɗe taro. Tawali'u kuwa ba a magana. Ya sha faɗa da bakinsa cewa duk faɗin Jawa ta Yamma babu mai ƙasƙantar da kai kamarsa.

Shekara goma sha tara yana riƙe da teburin izinin taro da wasanni a ofishin gundumarmu. Ba a kafa rumfa, ba a ɗaura lasifika, ko bikin kaciya ne, sai hatiminsa ya sauka a takarda. Ma'aikata na kiransa Sarkin Hatimi a bayan ido. Da labari ya kai masa, sai ya ce a daina ɓoyewa, sarautar ta dace. Yakan iso ofis ƙarfe tara, ƙarfe goma ya kulle ƙofa, ya ɓare ayaba, ya jingina da kujera ya rufe ido yana yi wa ƙasa tunani. Wani lokaci tunanin har da minshari.

A shekarar 1994 wasu samari huɗu 'yan lungun bayan kasuwa, masu gashi har kafaɗa, suka haɗa ƙungiyar kiɗa suka sa mata suna Kodok Besi, wato Kwaɗon Ƙarfe. Irin kiɗan nan suke yi da ake kira fank-metal. Mai gitar bas yana marin igiya da babban yatsa kamar mai bugun wanki, ƙugunka ya fara motsi ba da izininka ba. Kafin ka gyara rawa, ɗaya gitar ta ɓarke da gurnani kamar injin niƙa ya haɗiye ƙusa. Mawaƙinsu, Yayat, ɗalibin kwalejin malanta, rabin waƙa surutu yake yi, rabi ihu. Kaset ɗari biyu suka buga, fiye da rabi na jibge ƙarƙashin gadon Yayat. A cikin waƙoƙin akwai wata da ba mai gane ko kalma ɗaya a cikinta sai amshin: "Yallaɓai yana taro, dawo gobe!"

Da an bar ta, da ta mutu mutuwar Allah da Annabi kafin damina ta wuce. Amma wata Talata motar Pak Oyon ta ƙi tashi, dole babban mutum ya matsu cikin angkot, 'yar motar hayar nan, tsakanin buhun kabeji da wata tsohuwa mai kaji. Direba ya saka kaset. Amshi ya zo. Mai kaza a aljihu ba ya jimirin "as". Pak Oyon ya sauka tun ba a kai ba.

Ya sayi kaset ɗin, ya yi kwana uku yana saurare yana mayar da shi baya da biro, har ya tsamo baitocin ɗaya bayan ɗaya. Ya same su kuwa:

Ya kumbura ƙirji, ya gyara wuya,
Ya ci ayaba, ya lumshe ido,
Ya yi kashi a kan jaridar jiya,
Yallaɓai yana taro, dawo gobe!

Ya kai wa matarsa, Bu Imas, tana suyar tempe, wainar waken soya, a kicin. Ya karanta mata a tsaye, hannu ɗaya a ƙirji.

Ta ce, "Haba Pak. Duk ofishin da ka shiga daga nan har Jakarta haka ake ce wa mutane."

"Bu, kar ki raina mijinki. Wa ke cin ayaba ƙarfe goma in ba ni ba? Ya kumbura ƙirji. Dubi ƙirjin nan da kyau."

"To jaridar fa? Ni dai ban taɓa kama ka ba."

"Habaici ne! Yadda nake taka wa 'yan jarida burki suke nufi. Yaran ba su da tarbiyya, amma suna da idon gane manya."

Washegari Sarkin Hatimi ya fito yaƙi. Ya rubuta takardar haramta waƙar, kuma saboda hangen nesa irin nasa, ya sa aka buga baitocin gaba ɗaya, tsaf-tsaf, layi bisa layi, "domin jama'a su gane ta su guje ta". Ya sa hannu a madadin Shugaban gunduma, ya danƙara hatimi sau uku a kan sunansa har ba ya karantuwa, don a san abin ba wasa ba ne. Aka aika makarantu arba'in, da ƙungiyoyin direbobi, da gidajen rediyo. Aka liƙa a allon sanarwa.

Garin gyaran gira aka rasa ido. Yaran da suka yi wata uku suna gardamar me Yayat ke cewa, sai ga gwamnati ta kawo musu rubutacce kyauta. Masu fotokofi suka ga sallah. Kafin sati biyu duk angkot ɗin da ka shiga Kwaɗon Ƙarfe ne ke kuka, masu tura keken bakso, miyar nan mai curin nama, na buga amshin da cokali a kwano, kuma duk matar da mai karɓar kuɗin shara ya ƙwanƙwasa wa ƙofa ta san abin da za ta ce masa.

Pak Oyon ya ga cutar ta yi ƙarfi, sai ya tafi wata babbar sakandare da kansa. Aka jera ɗalibai ɗari takwas a rana. Ya hau dandamali cikin rigar safari, biro uku a aljihu.

"Kafin in yi magana, bari in ɗan yi magana. 'Ya'yana, manyan gobe, furannin ƙasa! Kunne amana ce. Akwai wasu ɓata-gari da suka ɗauki wani bawan Allah, wanda ba zan faɗi sunansa ba saboda kunya irin tawa, suka mai da shi abin waƙa. Ku ji irin rashin albarka. Wai, Yallaɓai yana taro..."

Baki ɗari takwas suka amsa, har tantabaru suka tashi daga rufi: "DAWO GOBE!"

Da ya koma gida ya ce wa Bu Imas jawabin ya ratsa yaran, da bakinsu suka roƙe shi ya dawo washegari. Gwano dai ba ya jin warin jikinsa.

Su kuwa samarin, waƙa ta tashi sama su suka faɗi ƙasa. Ba izinin wasa ko a bikin aure. Masu kwafar kaset suka ci moriya, su ko sisi. Kwaleji ta ga sunan Yayat a takarda mai hatimi uku, ta sallame shi saura wata biyar ya gama. Sau uku suka yi wanka suka ɗaure gashi suka zo ofis neman afuwa, sau uku magatakarda ya tare su a ƙofa. Ba sai na faɗa muku abin da ya ce musu ba. Ba su taɓa ganin fuskar wanda ya kashe musu kasuwa ba, kuma a wancan zamani ba a tambayar daga ina umarni ya fito. Yayat ya haye jirgin ruwa zuwa tsibirin Kalimantan ya zama direban motar katako. Encep mai gitar bas ya koma sayar da faten shinkafa da kaza a bakin tasha. Sauran biyu suka watse.

Sai 1998 ta zo, gwamnati ta girgiza, ɗalibai suka cika titi. Abin da suke rerawa a ƙofar ofisoshi kuwa, kun sani. Pak Oyon ya yi sati biyu a gida yana jinyar ciwon cikin da likita bai gano ba. Bayan shekara uku ya yi ritaya, aka karɓe hatimi, sai ya lura da wani abin mamaki: mutanen gari duk sun kamu da ciwon wuya, ba mai iya sunkuyawa in ya gan shi.

Ita kuwa waƙa sai daraja take ƙarawa. Malaman jami'a na rubutu a kanta. Wani ya ce kukan talaka ce, wani ya ce ita ta fara huda bangon tsoro. In kiɗa ya sauya, rawa ma sai ta sauya. Wata safiya Pak Oyon, Garkuwan Kunnuwan Jama'a, ya fito da baƙar riga mai hoton kwaɗo, kwaɗon ya baje a kan tumbi har ya fi kama da kada. Ya buga kati: Drs. H. Oyon Sumantadipura, Tushen Waƙa. Ya kama benci a shagon kofi na bakin layi, duk wanda ya zauna kusa ya shiga uku.

"Ba kowa ake zagi ba, Kang, ɗan'uwana. Itace mai 'ya'ya ake jifa. Ma'aikata nawa ne a ƙasar nan? Miliyoyi! Wa aka zaɓa? Kuma wa ya yaɗa ta? Kuna tsammani kuskure na yi da na buga baitocin? Dabara ce. Ni da yaran nan mun fahimci juna ba tare da mun haɗu ba. Su suka kawo kiɗa, ni na kawo ma'ana."

Haka ya yi shekaru, kofi na hucewa, tarihi na ƙara kauri. Har ta kai yana cewa shi ya fara jijjiga gwamnatin daga ciki.

A 2019 aka shirya bikin cikar waƙar shekara ashirin da biyar. Aka nemo Yayat daga Kalimantan, gashin nan duk ya tafi, kai kamar ƙwai. Encep ya rufe tukunyar fate ya karkaɗe gita. Ranar Lahadi bayan la'asar fili ya cika: masu furfura da 'ya'yansu, 'yan jarida, kyamarori. Pak Oyon ya iso da baƙar rigarsa da hular zuwa masallaci, ya rungumo takardar haramcin cikin gilashi. Bu Imas ta bi shi da lema, ta ce ba kallo ya kawo ta ba, gawa ta zo ɗauka.

Yadda ya wuce masu tsaro, tumbin ne ya sani. Yayat na gaida jama'a sai ya ga an zare makirufo daga hannunsa.

"Kafin in yi magana, bari in ɗan yi magana. Jama'a, yau tarihi ya haɗu da kansa. Ga mai jifa, ga itace. Ɗana Yayat, ka zage ni a gaban duniya, ka kira ni mai cin ayaba. Yau a gaban duniya na yafe maka. Zo ka rungumi Yallaɓanka."

Ya buɗe hannuwa. Yayat ya dubi Encep, Encep ya ɗaga kafaɗa. Yayat ya sunkuya cikin ladabi, ya manta makirufo na kusa.

"Gafara dai, Pak. Daga wane gida?"

"Ni ne! Yallaɓai! Wanda ke taro!"

"Ayya." Yayat ya shafa sanƙo. "Pak, ai Yallaɓai tsuntsu ne."

"Me?"

"Beo ne, baƙin akun nan mai surutu. Na maƙwabcinmu, wani tsohon masinja a ofishin ruwa. A can ya koyo maganar. Kejinsa na jikin tagar ɗakina, tun asuba yake hana ni barci. Ya kumbura ƙirji, ya ci ayaba, ya saki abinsa a jaridar da ake shimfiɗa masa, ya ce min in dawo gobe. Haushi ya sa na yi masa waƙa. Mutane suka ɗauke ta suka kai inda suka kai, mu ma kallo muke."

Dariya ta fara daga gaba, ta bi fili kamar wutar kara. Wani malamin jami'a da ya rubuta shafi tamanin kan ma'anar jaridar ya sulale ta baya. Pak Oyon ya ɗaga gilashin sama da hannu biyu.

"Ƙarya ne! Ni aka zaga! Ga hujja! Ni na hana ta, ni na sa aka kore ka daga kwaleji, ni na rufe muku ƙofa sau uku! Shekara ashirin da biyar ina ɗauke da zagin nan, yau ka ce na tsuntsu ne?"

Dariyar ta tsaya. Yayat ya karɓi gilashin, ya daɗe yana duban hatimin nan uku. Encep ya daina murmushi.

"Ashe kai ne," in ji Yayat a hankali. "Mu duk zatonmu wani babba ne daga Jakarta."

Ya miƙa masa takardarsa, ya dafa masa kafaɗa kamar mai ta'aziyya.

"Yi haƙuri, Pak. Wallahi da mun san da kai, da mun zage ka."