Rasuwar Baƙar Laimar Malam Imoro

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, Malam Imoro Alidu na unguwar Nima, mai karanta hasashen yanayi a talabijin, yake sanar da rasuwar laimarsa, wadda ta cika ranar Laraba, 12 ga Yuni, 1968, a rumfar Tajudeen mai gyara da ke Zongo Lane. Shekarunta goma.

Ya same ta a Ingila, inda ya je karatun iska da gajimare. Tare suka dawo a jirgin ruwa. Baƙa ce, mai haƙarƙari takwas da mariƙin gora. Ba ta da surutu. In an buɗe ta sai ta ce fap, in ana tafiya kuma ƙwas, ƙwas a kan tsakuwa. Iyakar maganarta ke nan.

Da aka buɗe talabijin, shekara uku Malam Imoro yana tsayawa gaban taswira kowace yamma, yana faɗa wa masu akwatin kallo abin da sama za ta yi gobe. A layinsu babu mai akwatin. Ya ɗauka babu wanda ya san aikinsa, bai kuwa tambaya ba, don tun dawowarsa gaisuwa kawai ke haɗa shi da maƙwabta.

Ashe marigayiya ce take yi musu nasu hasashen. Kowace safiya matan layi sukan leƙo su ga fitarsa. In tana hannunsa, ba mai shanya. In ya fito hannu sake, sai a baza tabarmi. Shi kaɗai ne bai sani ba.

Ciwon ajali ya kama ta a iskar watan Mayu, haƙarƙari uku suka karye. Ya ɗaure su da zare, ta yi ta fama, har ranar Asabar ya kai ta wurin Tajudeen. Ranar Litinin ya fito ba tare da ita ba, alhali da bakinsa ya faɗa wa ƙasa ranar Lahadi da yamma cewa ruwa mai ƙarfi na tafe kafin azahar. Mma Abibatu, aminiyar mahaifiyarsa, wadda ta goya shi yana jariri, ta gan shi ya wuce. Ta fito da kuɓewa da barkonon da ta kawo daga arewa, abin miyar shekara guda, ta shanya, ta tafi unguwar Madina gaisuwar rashin lafiya. Ruwan ya sauka ƙarfe goma sha ɗaya. Kwata ta kwashe komai.

Ta aiko masa da saƙo ɗaya: shekara uku tana gaya wa mutane ɗanta bai taɓa yi mata ƙarya ba.

Marigayiya ta bar mariƙi, da kube, da ƙusar da ake rataye ta a bayan ƙofa. Ta bar kuma mai ita, wanda yanzu yake wucewa ba mai ɗaga kai.

Za a binne ta ranar Juma'a bayan la'asar, a gindin dalbejiyar bayan gida. Liman ya ce ba salla, an kuma bi maganarsa. Malam Imoro zai zauna karɓar gaisuwa a ƙofar gida kwana uku, abin da bai taɓa yi ba. Kada a kawo komai. An ajiye wa Mma Abibatu kujera a inuwa, ba za a ɗauke ta ba sai ta zo.