Kujerar Da Suka Ba Sista Lavonne

Jama'a, ranar Talatar makon jiya na yi minti hamsin a tsaye a tashar bas ta Titin Foundry, ƙanƙara tana narkewa cikin takalmina na hagu. Ina jiran bas mai lamba goma sha huɗu ta kai ni zaman da aka kira don a duba ko bas mai lamba goma sha huɗu tana da amfani. Tun kaka aka rage mata zirga-zirga, daga kowane minti ashirin zuwa sau ɗaya a awa. Da mutane suka gaji da daskarewa suka koma roƙon masu mota, sai manyanmu suka ɗauko masana daga wani gari, suka ƙirga, suka gano cewa fasinja sun ragu. Allah ya ƙara basira.

An sa zaman ƙarfe goma na safe, ranar aiki, domin kowa ya samu halarta, wato kowa da ba ya aiki kuma yana da mota. Na isa goma da kwata. Matar da ke tebur ta ce an rufe rajistar masu magana.

"Bas ce ta makara, madam," na ce.

"To ai da ka zo da wuri ka faɗa musu," ta ce, ta miƙo mini takardar tambayoyi kan ko na gamsu da tarbar da aka yi mini.

Na shiga zauren na ƙirga mutanenmu. Bakwai, har da ni. Shekara uku da suka wuce, lokacin da suka so rufe ɗakin karatun unguwa, mu ɗari biyu da arba'in muka cika wannan zaure har kan matakala, Mai Girma Shugaban Zama ya riƙa kurɓar ruwa kamar wanda ya haɗiyi ƙaya. Ran nan bakwai. Kuma ni na jawo, shi ya sa rubutun wannan mako zai fi na kullum ɗaci.

Ƙungiyar unguwarmu tana da shugaba, Thaddeus Okonski, tsohon ma'aikacin masana'antar ƙarfe. Muryarsa ba ta bukatar lasifika. Shi ake ɗauka hoto, shi ake gayyata liyafa, lambobin yabo shida manyan gari suka ba shi, ya rataye su a falo. Mutumin kirki ne, amma ko lambar wayar maƙwabcinsa bai riƙe ba. Shekara da shekaru manyanmu suna ciyar da shi kaza suna mamakin me ya sa har yanzu zauren yake cika.

Abin da ba su sani ba shi ne Sista Lavonne Pruitt, mai kawo kofi cikin koren tulu zuwa ɗakin ƙasa na coci inda muke taro. Ba ta taɓa tsayawa ta yi jawabi ba. Idan abu ya taso, takan kira mutum biyar, kowannensu ya kira biyar, kafin la'asar unguwa ta ji. Ba a rubuta sunayen ko'ina ba. Wa zai kira wa, wa ba ya magana da wa tun rigimar shinge, duk suna kanta. Haka ta gada daga matan da suka riƙe yajin aikin masana'anta tun tana budurwa, kuma da gangan suka tsara shi haka: a bar wa manya mai surutu su yi ta rarrashi.

Mijinta Augie yana zuwa wankin ƙoda Litinin, Laraba da Juma'a, a asibitin da ke ƙetaren kogi. Ita idonta ya hana ta tuƙi, shi ƙafa ta hana shi. Bas mai lamba goma sha huɗu ce kaɗai ke tsallake gadar daga ɓangarenmu. Idan aka soke ta, ban san yadda za su yi ba, su ma ba su sani ba.

Sai ga Corinne. Daga jami'a ta zo, tana nazarin al'adun al'umma, irin masu zama cikin mutane suna rubuta yadda suke rayuwa. Da na ji haka na ce mata na ɗauka sai an hau jirgi an tafi tsibiri ake wannan aiki. Ta yi dariya ta ce mu ma tsibiri ne. Wata goma sha takwas ta yi tare da mu. Ta naɗe kujeru, ta wanke kofuna, ta je jana'iza uku. Ba zan ce mata komai ba sai alheri, kuma wannan yana cikin abin da ke damuna.

Ni kuwa shekara talatin da ɗaya na yi ina sharar makaranta ina kula da tukunyar ɗumama ajujuwa. A gefen tukunyar nan na karance duk littafin da ɗakin karatu ya yarda ya ara mini. 'Yan unguwa suna ce mini Farfesa, kuma ba yabo suke nufi ba. To ku yi tunanin ranar da mai digiri na gaske ta zauna a kicin ɗina, ta buɗe littafin rubutu, ta ce, "Mista Wendell, kowa yana gani, amma kai kake fahimta. Yaya ake cika zauren nan?"

Kaina ya kumbura. Na ce, "'Yata, daina kallon Thaddeus. Kalli mai kofi." Awa biyu ina zuba. Har zane na yi mata a bayan ambulan.

Ta rubuta kundinta, shafi ɗari uku. Ta sauya sunayenmu kamar yadda ƙa'idarsu ta ce. Sista Lavonne ta zama "Madam B, wadda ke kawo kofi cikin koren tulu". Tulu nawa ne kore a unguwar nan? Ko karen gidan Okonski zai gane.

Ga abin al'ajabin. Mun kai wa manyanmu takardar koke mai shafi ɗaya har sau goma sha ɗaya, ba a samu mai lokacin karantawa ba. Amma shafi ɗari uku na turancin jami'a, wanda ni kaina sai da ƙamus na gama shi, Mai Girma Uban Sauraron Jama'a, wato babban jami'in da ke karɓar koke-koken gari, ya karance shi tas. Kada wanda ya ƙara cewa ba sa karatu. Suna yi, idan an rubuta musu inda wuyanmu yake.

Cikin wata guda aka kafa Kwamitin Ba Da Shawara Kan Zirga-zirgar Al'umma. Aka aiko wa Sista Lavonne wasiƙa mai tambarin zinariya. Aka ce an daɗe ana danne muryar mata irinta, lokaci ya yi da za ta zauna a tebur. Aka ce daga ciki ne za ta iya ceton bas ɗin. Akwai dai wata 'yar takarda ta sa hannu: ɗan kwamiti ba zai tara jama'a ko ya kira su kan batun da ke gaban kwamiti ba, domin adalci. Ta dubi Augie, ta sa hannu.

Shi ya sa ranar Talata na gan ta can sama, a ƙarshen dogon teburin, da sunanta a allon roba a gabanta. An ba ta kujera mai juyawa da kwalbar ruwa. Ƙuri'a ce kawai ba a ba ta ba, don kwamitin na shawara ne.

Thaddeus ya samu mintinsa uku. Ya fara daga kakansa da ya zo garin nan da akwati ɗaya, yana isowa kan batun bas jar fitilar ƙarewar lokaci ta kama, aka kashe masa makirufo. Bai lura ba, mu ma ba mu lura ba, amma ba a rubuta sauran ba. Sannan Mai Girma Shugaban Zama ya gyara tabarau ya ce ƙarancin mahalarta yau alama ce cewa hankalin jama'a ya kwanta da shirin, kuma yana gode wa Madam Pruitt bisa wakiltar unguwarta. Suka ɗaga hannu, ƙudurin soke bas ɗin ya wuce karatu na farko. Na biyu, na ƙarshe, nan da sati biyu. Ƙarfe goma na safe mana.

Mun koma gida a bas ɗaya, ni da ita da Augie, wanda ya zo da sandarsa ya zauna a baya duk zaman.

"Farfesa," ya ce, "an ce kai ma kana cikin littafin. Wane suna aka ba ka?"

"Mista D."

"Da ni ne, Mista Rediyo zan sa maka."

"Bar shi, Augie," in ji ta. "Ya sani."

Na ce, "Sista, yaudararki suka yi. Alkawarin da aka karɓa da ƙarya ba alkawari ba ne. Na karanta masu ilimi da yawa a kan wannan, yawancinsu suna tare da ni. Ɗauki waya ki kira biyar ɗinki."

"Masu ilimin naka su suka sa hannu?"

"A'a."

"To ni na sa. Hannuna ne, Wendell, ba nasu ba. Shekara arba'in in na ce wa mutum ya zo, yana zuwa, don ban taɓa faɗin abu na yi wani ba. In na karya wannan, me zan kira su da shi?"

"To yi murabus."

"Sharaɗin yana bina wata shida bayan na sauka. Sun karanta nasu da kyau. Ni ce ban sa tabarau ba."

Kwana uku ina juya maganar nan. Shin mai gaskiya yana da haƙƙin riƙe gaskiyarsa idan ƙodar mijinsa ce za ta biya? Na kira Corinne, tana koyarwa yanzu a wata jiha. Ta yi kuka a waya. Ta ce ita so ta yi a san Sista Lavonne, don kullum masu lasifika ake rubutawa a tarihi, a manta masu wanke kofuna. Gaskiya ta faɗa. Ni ma gaskiya na faɗa mata a kicin. Sista Lavonne ma gaskiyarta take riƙe. Mu uku muka haɗa gaskiya muka miƙa wa mutanen da ba su taɓa taɓa ta da hannu ba, suka yi mana igiya da ita.

Amma kafin mu sauka daga bas ran nan, ta ce mini wani abu tana kallon taga.

"Na sa hannu ba zan kira kowa kan bas ba, kuma ba zan kira ba. Amma Madam Odell, mai gidan da ke kan kwanar layi, an yi mata aikin ƙugu, ba wanda ya leƙa ta. Kai da ba ka da aikin yi sai tunani, ka je ka gaishe ta."

"Sai me?"

"Sai ka gaishe ta. Ka tafi da miya."

Na ce a raina ai na san tsarin, ni na zana shi a ambulan. Na zauna da waya na zaɓi mutum biyar da kaina. Na farko ya zaci ni mai tallan inshora ne, ya kashe. Na biyu ya ce sai yau na tuna da shi? Na uku, matarsa ce ta ɗauka, ta ce ya rasu tun bazara, kuma an sanar a coci, ina zaune a layi na huɗu. Ban kira sauran biyun ba.

Washegari na sayi miyar kaza na tafi gidan Madam Odell. Ta riƙe ni awa biyu da rabi. Na ji labarin ƙugu, na ji labarin surukinta marar kunya, na gyara mata famfon kicin. Ban ambaci bas ba, don ban samu inda zan saka ta ba. Ina sa hula sai ta ce, "Wai da gaske za su cire wa Augie bas ɗinsa?" Na ce da gaske. Ta ce, "Miƙo mini wayar can. Kai kuma gobe ka je wurin Hollis mai aski, 'yarsa ta haihu, kada ka je hannu rabbana."

Yau kwana shida ke nan. Na gaishe da marasa lafiya huɗu, na ɗauki jariri ya yi mini amai a kafaɗa, na saurari rigimar shinge daga ɓangarorin biyu. Babu ko ɗaya daga cikin wannan a shafi ɗari ukun, kuma ba laifin Corinne ba ne, ni da na ba ta labarin ban san da shi ba. Mutum nawa za su zo zaman ƙarshe ranar Talata mai zuwa? Ban sani ba, ba kuma wanda ya ba ni jerin suna. Hollis ya ce zai rufe shago. Augie ya ce in zauren bai cika ba, ni zan goya shi in tsallake gada sau uku a mako, kuma washegarin zaman Laraba ce, ranar wankin ƙodarsa, ba ya wasa da ita.

Ga Mai Girma Uban Sauraron Jama'a, tunda na san yanzu kana karatu: ranka ya daɗe, kullum da safe ina duba akwatin wasiƙata ko an naɗa ni wani kwamiti. Har yanzu shiru, sai takardar tallan katifa. Ban ji haushi ba. Na dai gane matsayina.