Hawayen Albasar Aliero

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da na tashi zama ɗan wasan Rasha a makarantarmu ta Jega, albasa ta tona mini asiri.

Malam Yohanna, malaminmu na Turanci, shi ya jawo. Ya yi karatu a Rasha, ya dawo da wata mujallar Turanci mai hotuna, ya ara mini. A ciki akwai labarin wani ɗan wasansu, ɗan lebura, wanda ya fara da sharar gidan wasa, ya yi shekaru yana fitowa ba a ba shi ko kalma ɗaya ba. Wata rana ya tsaya bayan jarumi yana zubar da hawaye shiru, jama'a suka manta da jarumin. Daga nan sai fim, sai suna. Wallahi na karanta har takardar ta yi laushi. Duk wanda na tare sai ya sha labarin, har mai ƙosan bakin makaranta.

Sai ga wasan ƙarshen zango, aka ce wanda ya fi burgewa shi za a kai Sakkwato ya wakilce mu. Malam ya ɗauki babban matsayi, na ɗan da ubansa ya rasu, ya ba Garba ɗan garin Alelu. Garba fa! Mutumin da bai san ko Rasha gari ce ko kasuwa ba. Ni kuwa aka ce in zauna kusa da gawa in yi shiru. (Kwana uku ban amsa sallamar Garba ba, Allah ya yafe mini.)

Can na ce ai haka mutumina na Rasha ya fara. Mujallar ta ce rasuwar uwarsa yake tunawa hawaye su zo. To ni inna tana Aliero lafiya lau. Na gwada tuna akuyarmu da ta mutu, ko ɗigo. Sai na yanka albasar gonarmu, ja mai yaji, na ƙunshe a hankici.

Ranar wasa bayan la'asar, fili ya cika da iyaye. Garba na buɗe baki na kai hankici hanci. Hawaye shar, har da majina. Mata suka fara "Allah sarki, yaron ga!" Na saci kallon Garba, na ƙara matse hankicin.

Abin da na manta, rabin masu zama a gaba manoman albasa ne. Wani tsoho daga Danwarai ya ɗaga hanci.

"Kai jama'a, wa yas shigo muna da albasa? Wagga ko ta Aliero ta, ta bana!"

Kafin in ɓoye, Sani da ke kwance a matsayin gawa ya saki atishawa, ya tashi zaune cikin likkafani yana murza ido.

"Kai, ɗauke abin ga! Kashe ni za ka yi?"

Fili ya kece da dariya. Garba kuwa ko gezau. Ya ɗaga hannu sama, ya ce, "Allahu akbar! Baba ya dawo!" ya rungume shi. Tafi kamar ƙasa za ta tsage. (Har yau in na tuna wannan dabara sai in yi tsaki.)

Garba ya tafi Sakkwato. Ni kuwa Malam Yohanna ya miƙo hannu, ya ce, "Ɗan Rasha, kawo mujallata. Ka wanke hannu tukuna."

Sunan ya bi ni har kasuwar Maiyama. Tun ranar na gane, in za ka yi kukan ƙarya da albasa, kada ka yi a gaban masu nomanta. Kuma ka matsa nesa da gawa.