Rasuwar Dattijo, Wanda Ya Bar Magaji Fanko

Da zuciya mai cike da baƙin ciki har wuya, mai binciken ƙwayoyin gado da ke ofishin ƙarshen baranda take sanar da rasuwar rumbun ajiyar bayananta na kwamfuta, ɗan baƙin akwatin nan da ake kira Dattijo. Ya cika ranar Talata da hantsi, a kan teburinta, kusa da kofin shayi.

Marigayin mai riƙon amana ne. Shekara huɗu yana ɗauke da sakamakon bincike ɗari uku da goma sha biyu kan ƙwayoyin gadon ciwon ƙoda, waɗanda ta tsinto ɗaya bayan ɗaya ta haɗa su a jadawali guda. Shi kaɗai ya san wahalar da ta sha kafin ta gano cewa masana uku sun raɗa wa ƙwaya ɗaya suna uku. Bai taɓa ƙorafi ba, iyakarsa ɗan gurnani, "zuuu".

Tun watan jiya ya fara tari, "ƙat, ƙat, ƙat". Ta ce sanyin ofis ne. Ranar Talata ya yi "ƙat" sau biyu, na ukun bai fito ba. Ta hura masa iska, ta sake masa waya, ta rungume shi tana roƙo. Mai gyara ya kara shi a kunne, ya girgiza kai.

Ya rasu ya bar igiyar jona shi da kwamfuta ɗaya, da mijin mai binciken wanda ya sha cewa ta yi kwafi, yanzu kuma ya kasa haɗa ido da ita. Ya kuma bar ɗa guda, filas, ɗan ƙaramin ma'ajin bayanan da ta kwafe aikin a ciki bara. Kama kam, kamar an tsaga kara: sunan kowane fayil yana nan. Da ta buɗe, ashe sunayen kawai ta kwaso, ciki wayam. Matar da kullum take koya wa ɗalibai yadda ƙwayar halitta ke kwafe kanta kafin ta rabu, ita ce ta yi wannan. Kunya da tsoro sun hana ta cin abinci.

Saura kwana goma sha ɗaya ta miƙa kundin digirinta, kuma an riga an gaya mata babu sauran ƙarin wa'adi.

Za a yi jana'iza gobe da ƙarfe takwas a ofishinta. An ɗaga gawar zuwa saman kabad, don a sami wurin baza kwalayen takardun binciken, waɗanda za a sake tsinto sakamakon daga cikinsu. Duk mai zuwa ta'aziyya zai ɗauki bincike goma ya zauna. Don Allah kada a zo mata da "sai haƙuri". A zo da biro.