Yadda Birai Suka Fi Mu Yawa a Gadar Marke

Zuwa ga Mai Girma Babban Manajan Kamfanin Dausayin Baƙi, gwanin yawon buɗe ido, gatan birai da zabin daji, wanda hukuma ta damƙa wa fadamar Gadar Marke, a ofishinsa mai sanyi da ke Unguwar Dosa, Kaduna.

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa irin ta talaka ga babba, da fatan kana lafiya, iyali lafiya, birai ma lafiya. In ba a kawo maka rahotonsu ba, ni zan ba ka: suna nan ƙalau, har sun yi ƙiba, jiya ma a gonata na baro su.

Sunana Labaran Isiyaku. Shekara talatin da biyar na yi ina aikin akawu, na yi ritaya, ina zaune a Kurmin Mashi. Amma cibiyata a Gadar Marke aka binne ta, ɗan garin nan da ke gaba da Mando, wanda kasuwarsa ke ci ranar Talata. A can mahaifiyata Iya Hasiya take, a can kuma gonar da mahaifinmu ya bar mana take, a bakin fadama. Wannan gonar ce ma'aikatanka suka ce ranar Litinin mai zuwa za su zagaye da waya mai ƙaya ta zama gidan namun daji, alhali masarar da ke cikinta saura mata sati uku a girbe. Sau huɗu ina zuwa ofishinka, sau huɗu ana ce mini kana mitin. Shi ya sa na biyo ta jarida, don na san ko ba ka karanta ba, direbanka zai karanta. Ga abin da ke tafe da ni.

Na ɗaya, ina taya ka murnar ƙidayar da kamfaninka ya yi mana. Takardarku ta ce mutanen Gadar Marke ɗari huɗu da goma sha ɗaya ne. Madalla da wannan ilimi. Firamaren garin kaɗai tana da ɗalibai sun haura ɗari shida, amma wataƙila aljanu ne ke zuwa ɗaukar darasi. Masallacin Juma'armu sai an shimfiɗa tabarmi har bakin rumfar mahauta, wataƙila su ma masu sallar aro muke yo su.

Tunda ni tsohon akawu ne, na bi sawun lissafin don in ga inda muka ɓace. Kun turo mana yara biyu masu digiri, Suhaib da Lubna, masu ladabi ƙwarai, ba ni da abin cewa a kan tarbiyyarsu. Sun sauka da hantsi, a farkon damina, lokacin noman farko. Ranka ya daɗe, wane namiji mai lafiya ake samu a gida da hantsi a watan noma? Suka shiga gida-gida, suka tarar da tsofaffi da masu jego, suka buɗe na'ura suka fara tambaya: 'ya'yanki nawa, kawo sunayensu.

To, a nan gizo ke saƙa. A Gadar Marke, kamar sauran garuruwan da ba su da na'urar sanyaya ɗaki, uwa ba ta faɗin sunan ɗanta na fari. Ba ta kiransa, ba ta lissafa shi a gaban baƙo, ko an tambaye ta sai ta fara daga na biyu. Ba ƙiyayya ba ce, kara ce, haka ta tarar uwarta na yi. Duk gidan da yaranka suka shiga, an ba su ruwa, an ba su gyaɗa, an kuma ɓoye musu ɗan fari. Da suka tambayi sunan maigida, matan suka sunkuyar da kai suka ce “Malam”, don mace ba ta kama sunan mijinta. Na ga rajistar da idona: akwai Malam guda saba'in da tara, kuma wani gwani a ofishinka ya duba ya ce kuskuren na'ura ne, mutum ɗaya ne aka maimaita, ya goge saba'in da takwas. Ina roƙon a sanar da mu wanne aka bari, don mu san wanda zai riƙe matan garin duka.

An ce matambayi ba ya ɓata. Da sun tsaya a rumfar mai shayi sun tambaya, da an faɗa musu kafin shayin ya huce.

Na biyu, birai. Takardarku ta ce akwai guda dubu ɗaya da ɗari biyu a fadamar, wato kowane mutum ɗaya birai uku ke kansa. A kan haka aka yanke cewa wurin na dabbobi ne, mu ne muka shigo musu. Garken jan biri ɗaya ne a Gadar Marke, ba su kai arba'in ba, mun san su sun san mu, akwai ma mai guntun bindi da ya fi kowa rashin kunya. Yaranka sun zagaya da mota suna jefa musu gyaɗar da aka ba su a gari, garken yana biye da su, duk kwanar da suka sha sai su tsaya su sake ƙirgawa. Biri kuwa ba ya kara, ba ya ɓoye ɗan fari, kowa ya fito a gan shi, shi ya sa suka cinye mu a ƙidaya.

Na uku, takardar tallar da kuka buga mai sheƙi. Na karɓi ɗaya a ofishinka, da ita nake fifita. A bangonta akwai zaki ya buɗe baki a kan dutse. Allah ya ja zamaninka, a ina kuka same shi? Iya Hasiya ta haura tamanin, ta ce ko kakanta bai ba da labarin zaki a Gadar Marke ba. Abin da muke da shi gafiya ce, da zomo, da bushiya, da zabin daji, da wani tsohon kada a rafi wanda rabon da a gan shi tun shekarar da gada ta karye. A shafi na biyu kun rubuta cewa mazauna wurin “ƙalilan ne, masu sauƙin kai, suna zaune lafiya da dabbobi”. Sauƙin kai kam mun gode da shaida. Zaman lafiya da biri kuwa, a zo a tambayi wanda ya taɓa shuka masara.

Tun da aka kafa allonku a bakin titi, baƙin da suka zo buɗe ido su biyar ne, ni na ƙirga su kuma ban maimaita kowa ba. Uku 'yan makaranta ne daga Malali, sun ɗauki hoto da jakin mai gari suka koma. Biyun kuma ɓatan hanya suka yi, Birnin Gwari za su.

Na huɗu, babu inda takardarku ta ambaci kasuwa. Wataƙila don yaranka ranar Alhamis suka zo, suka ga rumfuna wayam, suka ɗauka kufai ne. Ina gayyatarka ranar Talata. Za ka ga motoci daga Mando da Kawo sun yi layi tun daga gada, ana loda masara da dawa a kaka, tumatir da albasa da attaruhu da rani, direbobi Katsinawa da Zamfarawa suna faɗa a kan wurin tsayawa. Duk daga fadamar nan da kuka rubuta “fili marar amfani” suke fitowa. Ba na raba ɗaya biyu, miyar da ake ɗorawa a gidanka akwai tumatir ɗinmu a ciki. In an kafa waya, sai uwargida ta riƙa yanka takardar talla a tukunya?

Na biyar, dokar da kuka kafa cewa kada a kori biri, kada a jefe shi, kada a buga masa gwangwani don kada hankalinsa ya tashi. Mun bi. Yanzu mai guntun bindi yana shiga gonata da safe kamar mai duba aikin leburori, ya ɓare masara, ya gutsira, in ba ta yi masa ba ya yar ya ɓare wata. Ni kuma ina tsaye da hulata a hannu ina ba shi haƙuri. Shekara talatin da biyar ina yi wa manya haka a ofis, ban zaci zan ƙarasa da biri ba.

Na shida, shi ne ya hana ni barci, kuma a nan zan roƙi ka ajiye wayarka ka saurara. Kun yi adalci, kun ce duk gonar da sunan mai ita ke cikin rajista za a bar masa, wadda ba a ga mai ita ba daji ce, waya ta hau kanta. Sai dai a garinmu, in uba ya rasu, babban ɗa ke riƙe gonar gida a madadin ƙannensa. Babban ɗa kuwa shi ne ɗan fari, shi ne wanda uwarsa ta tsallake. Da haka rabin gonakin fadamar suka wayi gari ba su da masu su. Ni ne ɗan farin Iya Hasiya. A rajistarka tana da 'ya'ya huɗu, ni cikon na biyar ɗin babu ni, gonar da nake nomawa tun kafin a haifi masu ƙirgar ta zama ta birai.

Na kawo takardar haihuwa, na kawo katin fansho, na kawo wasiƙar mai gari. Ma'aikacinka Malam Kabir, wanda ke zaune a teburin ƙofa, bai ko ɗaga su ba. Ya ce, “Baba, ni fa ba ni na yi tsarin ba. Wadda ta ba da bayanin ita za ta zo ta gyara da bakinta, ta kalli kyamara ta faɗi cikakken sunanka, ta ce ɗanta ne kai. Minti biyu ne, mene ne abin wahala?”

Bari in gaya maka abin wahalar, tunda an riga an gwada. Maƙwabcina a fadama, Auwal mai tumatir, ya ɗauko tasa mahaifiyar a bayan babur tun daga Gadar Marke. Aka zaunar da ita a gaban kyamara, ga samari cike da ofis. Ta ja mayafi ta rufe fuska, aka ce ta buɗe. Ta faɗa a hankali, aka ce na'ura ba ta ɗauka ba, ta ɗaga murya. Sau uku aka sa ta maimaita, wani yana dariya a baya. Auwal ya samu gonarsa. Tsohuwar kuma tun da ta koma ba ta fita ko gidan suna ba, in ya shigo gaishe ta sai ta juya wa bango fuska. Ya ce da ni da ya san haka ne, da ya bar musu tumatir ɗin.

Na so in ɓoye wa Iya wannan magana, amma a ƙaramin gari ba a ɓoye komai sai ga masu ƙidaya. Shekaranjiya muka je da matata Shamsiyya, ina tsakar gida, Iya ta kira ta, tana magana da ƙarfi yadda zan ji. Ta ce, “Ki gaya wa maigidanki ya nemo mota. Gonar ubansu ba za ta tafi a kan bakina ba. Abin da uwar Auwalu ta yi, ni ma zan iya.” Ta ciro mayafinta na zuwa biki ta ɗora a kan gado. Da na leƙa daga baya, na same ta zaune ita kaɗai, leɓenta na motsi, tana gwadawa. Sai ta kawo bakin sunan ta tsaya, ta goge ido da gefen zane, ta sake farawa. Wallahi, ranka ya daɗe, ban taɓa jin kunya da baƙin ciki irin na wannan rana ba. Na fita na ce a gaya mata ofishin ya tafi hutu. Da furfurata na yi wa uwata ƙarya saboda kamfaninka.

Saboda haka ba gyaran rajista na zo nema ba, na yafe. Abin da nake roƙo sati uku ne kawai, a dakatar da waya har in girbe abin da birai suka rage mini, don da shi gida uku ke cin tuwo har wata damina. Idan sati uku ya yi wa baƙinka biyar yawa, to ranar Litinin ku zo da turakunku, za ku same ni a ciki, sai ku zagaye da ni, ko ba komai baƙi sa samu abin kallo.

Amma Iya kam ba za ta zo ba. Shekarata sittin da uku, ba ta taɓa kiran sunana ba ko sau ɗaya, kuma ban taɓa kwana ina shakkar ɗan wane ne ni ba. Ba zan ɗora ta a babur in kai ta gaban yara su sa ta ɗaga murya don in tsira da masara ba. Ku riƙe gonar.

Allah ya ƙara wa manaja girma, ya ƙara wa ofis sanyi, ya kawo baƙi na shida.

Naka mai biyayya ƙwarai, mai durƙuso tun daga bakin ƙofa,

Labaran Isiyaku,
tsohon akawu, Kurmin Mashi, Kaduna.