Injiniya da Tukwanen Gidana

"Inna, ki yi wa hannuwan nan kallon ƙarshe a cikin ruwan kumfa. Hannun da ya san sirrin inji ba na soso ba ne. Daga makon nan, ni da tukwanenki sai dai gaisuwa daga nesa."

Haka ɗana na tsakiya ya faɗa mini, yana tsaye a ƙofar kicin, kumfa har gwiwar hannu. Ku da kuke karantawa, bari in gabatar muku da shi. Ƙato ne mai gemu, yana sayar da rigunan wayar hannu a bakin titi. Tun ranar da ya buga wa fanka mari ta ci gaba da juyawa ya raɗa wa kansa Injiniya. Ni dai Sarkin Surutu nake ce masa, don bakinsa ya fi hannunsa aiki.

Ni ban yi boko mai nisa ba, amma gidana da doka yake tafiya. A falona akwai wani tsohon injin gem, irin wanda ake jonawa da talabijin a yi wasa, da babban yayansu ya bari lokacin da ya yi aure. Na so in jefar da shi, sai na ga yana da amfani. Injiniya da ƙanwarsa Auta, wadda take ɗinki, kullum cikin faɗa suke a kan wanke-wanke. Sai na yanke hukunci: duk ranar hutu su buga ƙwallo a injin nan. Wanda aka ci, tukwane nasa ne har ranar da ya rama. Wanda ya ci kuma shi ke riƙe hannu na ɗaya, wato abin dannawa mai lafiya, ɗayan ya ɗauki na biyu da aka ɗaure da salatif.

To, Auta yatsunta sun saba da allura. Tun da aka kafa dokar nan ba ta taɓa soso ba. Injiniya kuwa har ya san kowace tukunya da halinta.

Na ce masa, "Da me za ka ci ta? Da gemu?"

Ya ce, "Da ilimi, Inna. Ƙura injin ya yi, zan ɗan share masa ciki."

Ƙarya yake. Daga baya na gane abin da ya ƙulla. Wai cikin kowane inji irin wannan akwai wani karatu da masu ƙera shi suka zuba masa, shi ne hankalinsa. Injiniya ya samo wani gurɓataccen karatu a waya, daga hannun mutanen da bai san ko fuskarsu ba, ya zuba a filashi, ɗan abin nan da ake sokawa a kwamfuta, zai ɗura wa injin don ya riƙa yi masa maguɗi.

Ya jira Auta ta tafi shago, ya baje a falo kamar mai fiɗa. Ina daga ɗaki ina jin sa yana gwadawa shi kaɗai yana dariya. Na leƙo, na ga 'yan wasansa suna gudu kamar an watsa musu ruwan zafi, golansa kuwa ya cika raga, ko sauro ba zai wuce ba.

"Wannan sharar ce?" na tambaye shi.

"Ita ce, Inna. Kin ga da ƙura ta fita har gudu suka ƙara."

Ranar hutu ta zo. Injiniya ya yi wanka, ya fesa turare, har ya gayyato yayansu da matarsa, wai su zo su ga tarihi. Ya kawo soso da sabulu ya ajiye a gaban Auta.

"Ƙanwata, ki fara sabawa da su. Babbar tukunyar nan sai an jiƙa ta, shawara ce ta ɗan'uwa."

Auta ta ce, "Na gode, Yaya. Miƙo mini hannuna."

Ta ɗauki hannu na ɗaya, kamar kullum. Nan na ga fuskar Injiniya ta canza, kamar wanda ya tuna ya bar wuta a ɗaki. Ashe maguɗin nan hannu na ɗaya kaɗai yake yi wa aiki. Shi kuma da yake gwaji shi kaɗai, mai lafiyar ya riƙe, ya manta shekara da shekaru ba nasa ba ne.

Ya yi tari. "Auta, yau mu yi musanya mana."

"Saboda me?"

"Haka kawai. Girmamawa. Ni ne babba."

Na ce, "A cikin gidan nan wanda ya ci shi ne babba. Zauna."

"Inna, ai wancan hannun yana da... wato..."

"Yana da me?"

Ya buɗe baki, ya dube ni, ya dubi muciyar da ke jingine kusa da kujerata, ya rufe. In ya faɗa ya tona kansa, in ya yi shiru ya sha kashi. Ya zaɓi kashi.

Jama'a, ban taɓa ganin duka irin wannan ba. Auta ko danna abin kirki ba ta yi, 'yan wasanta sai shawagi suke. Daga tsakiyar fili ƙwallo take tashi ta faɗa raga. Har golanta ya baro gida ya je ya ci, ya dawo. Ta ajiye hannun ta sha ruwa, kafin ta ɗauka an ƙara biyu. Yayansu ya yi dariya har ya zamo daga kujera.

Auta ta ce, "Yaya, Allah ya yi wa sharar nan taka albarka. Ka riƙa yi duk mako."

Injiniya, gumi na bin gemu, ya ce, "Inji ne ya rikice. Wannan wasan bai halatta ba."

Na ce, "Wa ya taɓa injin?"

Ya kama sosa gemu.

"To tukwane na jira."

Da mai hankali ne, da nan ya tsaya. Amma wanda bai ji bari ba ai sai ya ji hoho. Washegari da la'asar ya dawo da wuri daga bakin titi, ya sake samo wani karatun, wai wannan zai juyar da maguɗin zuwa hannu na biyu. Ya soka filashi, wani dogon layi ya fito a talabijin yana cika a hankali, da rubutu ja a ƙarƙashinsa. Sai cikinsa ya murɗa, ya ruga bayi.

Falona soket ɗaya ne mai aiki, kuma kowa a gidan ya san bayan la'asar na butar shayina ne. Wannan doka ta girmi gemunsa. Na zo, na zare wayar injin, na soka butata.

Ya fito yana ɗaure wando, ya ga talabijin baƙi ƙirin. Ya ɗora hannu a ka.

"Inna, me kika yi? Ba ki ga an rubuta kada a kashe wuta ba?"

"Da wane yare?"

"Da Turanci."

"To Bature ya zo ya dafa mini shayi."

Ya mayar da waya, ya danna, ya sake dannawa. Wata 'yar fitila ta yi ƙyaf, ta mutu. Ya busa masa iska, ya jijjiga shi, ya juya shi rigingine. Har marin fanka ya gwada masa. Inji dai ya zama dutse. An zare masa tsohon hankali, sabon bai gama shiga ba, ya tsaya a tsakiya ba gaba ba baya, kamar mai shi.

Yayansu ya zo ya kai shi wurin masu gyara, ya dawo da shi a leda. Ya ce sun ce irin wannan tsohon ba a samun kayansa, sai dai a danne ƙofa da shi kada iska ta rufe. Ya dubi ƙaninsa ya ce, "Garin neman gira ka rasa ido, Injiniya." Nan gaskiya ta fito duka, da filashi da karatun da komai.

Da yamma muna zaune, sai ga shi ya matso yana murmushi, wai shi mai dabara.

"Inna, tunda inji ya mutu, ai doka ma ta mutu. Sai a koma raba wanke-wanke, kwana ɗaya ni, kwana ɗaya Auta."

Na ce, "Maimaita mini dokar."

"Wanda aka ci, tukwane nasa ne..."

"Ƙarasa."

"...har ranar da ya rama."

"Wa aka ci a wasan ƙarshe?"

"Ni," in ji shi, can ƙasa-ƙasa.

Auta ta tashi, ta ɗauko mataccen injin daga bakin ƙofa, ta ajiye a gabansa. Ta ɗora masa hannu na ɗaya a cinya, ta ɗora soso a kai.

"Ga mai lafiyar, Yaya, na bar maka har abada. Duk ranar da ka tashe shi, ka kira ni ka rama."